Auta da Bargon Dodon Koɗi

A bayan kicin ɗin gidansu Auta akwai wani ɗan lungu da rana ba ta shiga. A nan Kaka ta ajiye wani akwatin katako mai murfin raga. Ba tufafi ne a ciki ba. Dodon koɗi ne, manya da ƙanana, suna ta jan ciki a kan baƙar ƙasa mai danshi.

Kaka tana ce musu "mutanena". Kullum da safe sai ta ɗaga murfin ta leƙa.

"Mutanena, kun tashi lafiya?" in ji ta. "Wa ya cinye ganyen gwandan nan bai rage wa kowa ba?"

Auta takan tsuguna kusa da ita tana dariya. 'Yar aji huɗu ce, ita ce ƙarama a gidan. Yarinya ce mai tausayi, har ya so ya yi mata yawa. Ko kyankyaso aka kashe sai ta ɓata rai. Amma tana da wani hali guda. Idan abu ya zo mata a ka, ba ta tsayawa tambaya, yi kawai take yi.

A cikin dodon koɗin akwai wani babba, ya kai tafin hannun Baba. Gidan da yake goye da shi ruwan ƙasa ne mai zane-zane. Shi ne na farko da Kaka ta fara kiwo da shi. Ta sa masa suna Dattijo, saboda ba ya gaggawa ko a wurin cin abinci.

"Kaka, ina idonsa?" Auta ta taɓa tambaya.

"Duba can saman dogayen ƙahonin nan biyu. Kin ga ɗan baƙin ɗigo? Shi ne idon."

Auta ta kai yatsa kusa. Nan take ƙahon ya shige ciki.

"Kin ba shi kunya," in ji Kaka. "Ki bar shi, zai fito da kansa."

Kaka ba ta zubar da ɓawon ƙwai. Takan shanya shi, ta daka, ta barbaɗa a kan ƙasar. Ta ce shi ke sa gidansu ya yi ƙwari. Gishiri kuwa ko kusa ba ta bari ya je wurin, don yana kashe su. Idan an gama, dole a wanke hannu da sabulu.

Waɗanda suka girma, wasu takan aika wa wata mai gidan abinci, wasu ta dafa a gida. Takan wanke naman da lemun tsami har yauƙin ya fita. Ta tafasa shi ya nuna sosai, sannan ta soya da albasa da tattasai. Mama, wadda ɗinki take yi a ɗakin gaba, ba ta iya taɓa mai rai. Ko ganinsa ta yi sai ta yamutsa fuska. Amma idan aka soya, ita ce ta farko da miƙo kwano.

Dattijo dai babu mai maganar dafa shi. Ya zama ɗan gida.

Ana nan sai idon Kaka ya fara ba ta wahala. Na hagu dama ya daɗe da rauni. Yanzu na dama ma ya yi yana, komai dishi-dishi take gani. Likita ya ce sai an yi mata aiki a babban asibiti. Baba ne zai kai ta, kuma za su ɗan kwana biyu a can.

Ranar tafiya Kaka ta kama hannun Auta, ta ja ta zuwa lungun.

"Ƙawata, ga mutanena nan na bar miki amana. Mamanki ba za ta zo nan ba, kin san ta. Ki ba su ganye da yamma. Ki riƙa yayyafa musu ruwa, saboda..."

"Na sani, Kaka! Ai kullum ina ganin yadda kike yi."

A lokacin Baba ya danna hon a waje. Kaka ta shafa kan Auta, ta ɗauki sandarta, suka tafi.

Da farko komai ya tafi daidai. Auta tana ba su ganye, tana yayyafa ruwa, har tana gaishe su da irin muryar Kaka.

Sai wata rana ruwan sama ya tare ta a hanyar dawowa daga makaranta. Ta iso gida sharkaf, haƙoranta suna haɗuwa. Kafin yamma mura ta kama ta.

Mama ta goge mata jiki da tawul, ta naɗe ta a bargo, ta ba ta shayi mai zafi.

"Ke da danshi ba ku shiri," in ji Mama. "Gobe idan rana ta fito ki zauna a cikinta, ki sha ɗumi. Kada in ƙara ganin ki da jiƙaƙƙen kaya."

Auta ta lafe a cikin bargon. Daɗi ya ratsa ta har ƙafa.

Da gari ya waye ta je ta ɗaga murfin akwatin. Ta taɓa Dattijo. Jikinsa sanyi ƙalau, ga shi a jiƙe. Ta taɓa ƙasar, ita ma haka. Tausayi ya kama ta.

"Wayyo, bayin Allah! Ni ina can cikin bargo, ku kuna nan kuna kwana a kan jiƙaƙƙiyar ƙasa? Ai mura za ta kama ku."

Ta tuna Kaka ta ce a yayyafa ruwa. Sai ta ce a ranta, ai Kaka ba ta san za a yi sanyi ba. Da tana nan, da ita ma ta daina.

Daga ɗakin gaba ana jin ƙarar keken ɗinkin Mama. Taku kaɗan ne zuwa can. Amma Auta ba ta je ta tambaya ba.

Ta kwashe baƙar ƙasar da tsohon kwano, ta zubar a gindin gwanda. Ta ɗebo busasshen yashi mai laushi ta shimfiɗa musu. Ta samo tsumma ta goge su ɗaya bayan ɗaya, kamar yadda Mama ta goge ta. Daga nan ta dinga jan akwatin kaɗan-kaɗan, tana haki, har ta kai shi bakin lungun inda rana ke sauka. Sannan ta ɗauko tsohon bargonta na yarinta ta rufe rabin murfin.

"Yauwa," ta ce, tana share gumi. "Yanzu kun zama 'yan gata."

Ruwan sama ya ɗauke. Rana ta dawo da ƙarfinta. Auta ta warke daga mura, ta ci gaba da kai ganye. Amma ruwa ko ɗigo ba ta ƙara sa musu ba.

Ta lura ganyen ba ya raguwa. Ta ce ƙila sun ƙoshi ne. Ta lura sun daina yawo, sun taru a kusurwa guda. Ta ce ƙila ɗumi ne ya yi musu daɗi.

Wata safiya ta ɗauki Dattijo don ta gaishe shi. Babu ƙaho, babu ido, babu jiki. Wani farin abu busasshe ya rufe bakin gidansa ruf, kamar an liƙa takarda. Ta duba sauran manyan, duk haka suke. Ta ɗauki wani ƙarami. Ba shi da nauyi ko kaɗan, kuma wari yake yi.

Ta sake ɗaukar Dattijo.

"Dattijo? Dattijo, ni ce. Ka fito mana."

Shiru.

Ta mayar da shi, ta ja bargon ta rufe akwatin gaba ɗaya. Ta tafi makaranta ba ta karya ba.

A aji ba ta ɗaga hannu ko sau ɗaya ba, ita da ba ta iya riƙe amsa a baki. Da aka fita tara, ta zauna ita kaɗai. Malama ta zo ta ja kujera kusa da ita.

"Yau aku ta yi shiru. Murar ce ta dawo?"

"A'a, Malama."

"To mene ne?"

Auta ta sunkuyar da kai. "Na ɓata wani abu, kuma ba nawa ba ne."

"Da gangan?"

"A'a! Taimako na so in yi."

"Mai abin ya sani?"

Ta girgiza kai.

Malama ta ɗago mata haɓa a hankali. "Ki faɗa masa. Zai yi miki wuya, na sani. Amma mai abu ya fi kowa sanin abinsa. Wataƙila akwai gyaran da ke ba ki sani ba. Idan kin ɓoye, lokacin gyaran zai wuce."

"Idan ta daina so na fa?"

"Au, ashe mace ce," in ji Malama tana murmushi. "Tana son ki yanzu?"

"Sosai."

"To ba za ta daina ba ke nan."

Da Auta ta dawo gida, sai ta ga motar Baba a ƙofa. Kaka tana zaune a falo, an rufe mata idon dama da auduga da filasta. Da na hagun ba ta ganin komai sai inuwa.

"Wa nake ji kamar ƙawata?" in ji Kaka, ta buɗe hannuwa. "Zo nan. Ya mutanena?"

Auta ta shige jikinta. Kaka ba ta gani. Mama ba ta zuwa lungun. Baba ya gaji, yana kwance. Babu wanda zai sani yau.

"Suna nan lafiya," ta ce da ƙaramar murya.

"Allah ya yi miki albarka. Ina kwance a gadon asibiti ina cewa, hankalina kwance yake, na bar su a hannun ƙawata."

Wannan albarkar ta fi bulala zafi. Auta ta kasa jurewa. Sai ta fashe da kuka.

"Ƙarya na yi, Kaka! Ba lafiya suke ba. Na kashe su duka. Har da Dattijo!"

Keken ɗinki ya tsaya. Mama ta fito da sauri, zare a wuyanta.

"Me kika yi musu?"

Auta ta faɗi komai, tana jan majina. Ta faɗi yashin, da tsumman, da ranar, da bargon.

"Bargo?" in ji Mama, ta riƙe baki. "Ke Auta! Ina zaune a ɗakin nan, me ya hana ki tambaye ni?"

"Na ɗauka na sani ne, Mama."

Kaka ba ta yi faɗa ba. Fuskarta dai ta nuna abin ya taɓa ta. Sannan ta miƙa hannu.

"Je ki kawo mini Dattijo."

Auta ta kawo shi da hannu biyu. Kaka ta auna nauyinsa a tafinta. Ta kai shi hanci ta shinshina. Ta shafa farin abin da babban yatsanta.

"Wannan ƙofar, wa kike tsammani ya sa ta?"

"Ban sani ba."

"Shi ya sa ta da kansa. Matacce ba ya rufe ƙofa, ƙawata. Idan wuri ya bushe, dodon koɗi yakan shige can ƙuryar gidansa, ya toshe baki da yauƙinsa, don ɗan ruwan jikinsa kada ya ƙare. Sai ya yi barci, yana jiran danshi ya dawo."

Auta ta zaro ido. "Yana da rai?"

"Da nauyinsa, kuma ba ya wari. Ina sa rai. Amma ban yi miki alkawari ba, don ranar ta dake shi."

"Ƙananan fa?"

"Ƙananan ba su da ƙarfin jure wannan. Waɗanda suka yi wari sun tafi."

Auta ta sake kuka. Kaka ta bar ta ta yi, tana shafa bayanta.

"Abin da na so in gaya miki ke nan ranar da muka tafi," in ji ta. "Ke ɗumi ne ke warkar da ke. Su kuma sanyi da danshi ne rayuwarsu. Da ruwan jikinsu suke tafiya, da shi suke numfashi da kyau. Kin ba su abin da ke kike so, ba abin da su suke so ba. To share hawaye. Ni ba ni da ido yanzu, ke ce idona. Akwai aiki."

Aka kai wa Kaka kujera lungun. Tana faɗa, Auta tana yi. Baba ya mayar da akwatin inuwa. Auta ta kwashe yashin tas. Ta je gindin gwanda ta kwaso baƙar ƙasar da ta zubar, ta jiƙa ta.

"Damƙi ƙasar ki matse," in ji Kaka. "Ruwa yana ɗiga?"

"A'a, amma ta dunƙule."

"Haka ake so."

Ƙananan da suka mutu, Auta ce ta tsince su da hannunta. Ta haƙa rami a bayan gwanda ta rufe su. Wannan ne ya fi komai yi mata ciwo.

Manyan kuma ta jera su a kan ƙasar. Ta yayyafa musu ruwan da ba sanyi ba zafi.

"Kaka, in ɓare farin abin da farce? Zai fi sauri."

Ta riga ta kai yatsa, sai ta janye. Ta jira amsa.

Kaka ta yi murmushi. "Kin ga amfanin tambaya? A'a, kada ki ɓare, za ki ji masa ciwo. Wanda ya rufe shi zai buɗe."

Suka zauna suna jira. Can wajen la'asar Auta ta yi tsalle.

"Kaka! Ɗaya ya ture ƙofarsa! Ga ƙaho ya leƙo!"

"Faɗa mini, me yake yi?"

"Yana miƙa, kamar Baba idan ya tashi daga barci."

Baba ya ce ai wannan sharri ne. Kowa ya yi dariya. Har Mama ta matso, ta tsaya nesa-nesa tana leƙe. Kafin washegari da yawa sun farka, sun afka wa ganyen gwanda.

Dattijo kuwa ko motsi.

Auta ba ta gaji ba. Kafin ta tafi makaranta ta yayyafa masa ruwa. Idan ta dawo, ko jaka ba ta ajiyewa sai ta duba shi. Takan ajiye masa yankan kankana kusa da ƙofarsa, don shi ya fi so. Da yamma sai ta ɗauke, ta sa sabo.

"Ka yi haƙuri," takan ce masa a hankali. "Ba zan ƙara ba."

Ranar da za a cire wa Kaka filasta, Baba ya kai ta wurin likita da safe. Auta tana tsugune a lungun ta ji sun dawo. Ta ji takun Kaka, amma babu ƙarar sanda.

Kaka ta shigo lungun da ƙafarta, sanye da baƙin tabarau. Ta ɗaga shi kaɗan, ta ƙura wa Auta ido.

"Ikon Allah! Ashe haka kika yi tsawo? Kuma yaushe wannan haƙorin ya fita?"

"Kina gani na, Kaka?"

"Tar nake ganin ki. Matsa in ga mutanena."

Ta sunkuya a kan akwatin. Auta ta kawar da kai, don ba ta son ganin fuskar Kaka idan ta ga Dattijo a rufe.

"Ƙawata," in ji Kaka, "wane ne wannan yake cin kankana shi kaɗai?"

Auta ta juyo. Ga farar ƙofar a yashe a kan ƙasa. Ga Dattijo ya fito da dukan jikinsa, yana sheƙi. Ya ɗaga dogayen ƙahoninsa biyu, ɗan baƙin ɗigo a kan kowanne, yana duban su.

"Kin gani?" in ji Kaka. "Jira na yake yi. Ya ce ba zai buɗe idonsa ba sai na buɗe nawa."

Auta ta rungume ta, tana dariya tana hawaye.

Bayan wani lokaci, Auta tana gyara ƙasar sai ta ga wasu ƙananan abubuwa a binne, zagayayyu, farare da ɗan rawaya. Daidai wurin da Dattijo yake yawan kwanciya ne. Ba ta taɓa su ba. Ta ruga ciki.

"Kaka, zo ki ga wani abu! Mene ne wannan? In kwashe ko in bari?"

Kaka ta duba, ta tafa hannu. "Ƙwai ne! Mayar da ƙasar a hankali ki rufe. Dattijo ne ya saka."

"Dattijo? Ai namiji ne!"

"Irin waɗannan, kowanne namiji ne kuma mace. Idan biyu suka haɗu, kowannensu yana iya saka ƙwai."

"To ai sai mu canza masa suna."

"Bar masa abinsa," in ji Kaka. "Ya saba."

Da ƙwan suka ƙyanƙyashe, 'ya'yan ƙanana ne kamar ƙwayar wake, gidansu har ana hango cikinsa. Kaka ta ware su a wani ƙaramin akwati. Ta ɗauka ta miƙa wa Auta.

"Waɗannan amanarki ce."

"Ni? Bayan abin da na yi?"

"Ke dai. Wadda ta yi kuskure, ta faɗi gaskiya, ta tsaya ta gyara, ita ake ba amana."

Auta ta kai akwatin can cikin lungun, inda rana ba ta shiga. Ta jiƙa hannu ta yayyafa musu ruwa. Bargon kuwa Mama ta wanke shi, ta mayar kan gadon Auta, inda ya fi amfani.

Daga ranar Auta ta riƙe darasinta. Idan kana son taimaka wa wani, ka fara sanin abin da yake bukata, domin ba lallai ne ya zama irin naka ba. Abin da ba ka sani ba, ka tambaya. Idan kuma ka yi kuskure, ka faɗa da wuri, tun ana iya gyarawa.